FASHIN BAƘI: Kuɗin rajista a shafukan neman rol, abin da ɗan wasan Katsina ke saye da yadda ake cire masa kuɗin

Duk matashin da ya taɓa bincika yadda ake shiga harkar fim a wayarsa, a Ƙofar Ƙaura yake zaune ko a Sabuwar Unguwa, ya san abin da ke biyo baya. Ba a kwana biyu tallace-tallace za su fara bin sa a Facebook da Instagram da TikTok, ana cewa ana neman sababbin fuskoki, ya buɗe shafinsa yau, makon farko kyauta ne. Wasu daga cikin masu tallar kamfanoni ne na gaske da suka yi shekara da shekaru suna aiki a Amurka da Ingila. Wasu kuwa 'yan damfara ne da suka ari rigar waɗancan. Amma dukkansu lambar katin banki suke fara tambaya, tun kafin kowa ya ga fuskar mutum a kyamara.

Wannan rubutu bayani ne a kan kamfanonin gasken: me suke sayarwa, nawa suke karɓa, ta wace hanya suke cire kuɗin, kuma ko abin yana da wata rana ga mai son shiga Kannywood daga Katsina.

Daga littafin hotuna zuwa manhaja

Sana'ar ta girmi intanet nesa ba kusa ba. Spotlight, wanda shi ne babba a Birtaniya, ya fara ne a Landan a 1927 a matsayin littafi mai ɗauke da hotunan 'yan wasa, wanda masu shirya wasan kwaikwayo ke buɗawa idan suna neman wanda zai hau wani rol. Backstage jarida ce da aka kafa a New York a 1960 tana buga sanarwar neman 'yan wasa. Kamfanin Breakdown Services, mai shafin Actors Access, ya soma a 1971 da aikin karanta rubutun fim yana fitar da jerin rol ɗin da ke ciki yana kai wa wakilan 'yan wasa. Da intanet ta zo sai littafin da jaridar suka koma shafuka da manhajoji, inda ɗan wasa ke ɗora hotunansa da bidiyon ayyukan da ya yi, ya kuma aika buƙatarsa ga duk aikin da aka tallata.

A 'yan shekarun nan manyan sun haɗiye ƙananan. Backstage ya sayi StarNow da Mandy, Spotlight da Casting Networks kuma suka koma ƙarƙashin uwar kamfani ɗaya mai suna Talent Systems. Ɗan wasan da ke ganin ya yi wayo ya yi rajista a shafuka uku, mai yiwuwa aljihu ɗaya ko biyu yake zuba wa kuɗi.

Abin da kuɗin ke saya

Kuɗin rajista na sayen wuri ne a kundi da kuma damar aika buƙata. Ba ya sayen rol, ba ya sayen gayyata zuwa tantancewa, ba ya ma tabbatar da cewa wani darakta zai buɗe hoton mutum. Kamfanonin da kansu suna rubuta haka a cikin sharuɗɗansu, sai dai a can ƙasa, da ƙananan haruffa, inda ba kowa ke kaiwa ba.

Tsarin biyan ya bambanta. A Actors Access buɗe shafi kyauta ne da hotuna biyu, sannan mutum ya biya dala 2 a kan kowace buƙata da ya aika, ko ya biya dala 68 a shekara ya aika yadda ya ga dama. Casting Networks yana da matakin kyauta mai taƙaitaccen wurin ɗora hoto da bidiyo, sai babban mataki wanda a 2024 ya kai kusan dala 30 a wata ko kusan dala 300 a shekara. Spotlight yana karɓar kusan fam 200 a shekara, kuma ba kowa yake ɗauka ba, sai wanda ya nuna shaidar ayyukan da ya yi aka biya shi, ko shaidar karatu a makarantar koyon wasa da aka amince da ita. Farashin yana sauyawa, kuma sama yake yi.

Idan aka juya lissafin zuwa naira abin ya fi fitowa fili. Bayan da aka saki naira ta nemo wa kanta daraja a watan Yunin 2023, dala ta tashi daga naira ɗari huɗu da 'yan kai ta haura 1,500 a 2024. A kan wannan canji, dala 30 ta wata guda naira 45,000 ce, wato kusan kashi biyu cikin uku na mafi ƙarancin albashi na ƙasa, naira 70,000, da aka sanya wa hannu a watan Yulin 2024. Dala 300 ta shekara kuwa naira 450,000 ce, fiye da albashin wata shida na ƙaramin ma'aikaci. Banda kuɗin data, da na mai ɗaukar hoto, da ribar da banki ke ɗorawa a kan canji. Akwai kuma harajin VAT na kashi 7.5 cikin ɗari, wanda tun 2022 doka ta ɗora wa kamfanonin waje masu sayar da hidima ta intanet alhakin karɓa daga 'yan Najeriya, ko da yake ba kowane kamfani ke saka shi a rasit ba.

Yadda ake cire kuɗin

A nan ne akasarin mutane ke faɗawa rami, domin farashin a bayyane yake, hanyar cirewar ce mai lauje cikin naɗi.

Kusan duk waɗannan shafuka suna aiki da tsarin sabunta rajista kai tsaye. Ranar da mutum ya saka lambar katinsa ya amince ke nan a riƙa cire masa kuɗi duk wata ko duk shekara har sai ranar da ya shiga da kansa ya dakatar. Ba za a sake tambayarsa ba. Kwanakin gwaji na kyauta ma a kan wannan aka gina su: ana karɓar lambar kati tun ranar farko, wa'adin na cika kuɗin ke fita. Wanda ya yi rajista ta wayar iPhone sai ya soke aƙalla awa 24 kafin wa'adin gwajin ya ƙare, in ba haka ba alat kawai zai gani.

Wata dabarar ita ce nuna farashin shekara a rarrabe. Sai a rubuta wani ɗan adadi da manyan haruffa a ce kuɗin wata ne, alhali na wata goma sha biyu za a kwashe a lokaci guda. Haka nan rangwamen shekarar farko ba ya bin mutum zuwa ta biyu. Wanda ya shiga da rabin farashi, cikakke za a cire masa idan shekara ta zagayo.

Kuskuren da ya fi yawa a wajenmu shi ne zaton cewa goge manhaja daga waya ya kashe rajistar. Bai kashe ba. Idan ta Google Play ko App Store aka biya, can za a koma a soke, a sashen da ke nuna abubuwan da mutum ke biya wata-wata. Idan kuma a shafin kamfanin aka biya, sai an shiga asusun da aka buɗe a can. Sokewar ma ba ta dawo da abin da ya riga ya fita. Abin da take yi shi ne hana cirewa ta gaba, mutum kuma ya ci gaba da amfani da shafin har wa'adin da ya biya ya ƙare. Galibin sharuɗɗan suna cewa kuɗin da aka biya ba a mayarwa.

Wani abu ya ƙara wa batun nauyi kwanan nan. A 2022 bankunan Najeriya sun rage abin da katin naira zai iya saye a waje zuwa dala 20 a wata, da yawa kuma suka rufe gaba ɗaya, abin da ya tura matasa ga katunan dala na manhajojin kuɗi. A watan Yulin 2025 bankuna irin su GTBank da UBA da Wema suka sake buɗe hanyar. Ga 'yan kasuwa da ɗalibai wannan sauƙi ne. Amma kuma katin da a da banki ke ƙin biya da shi, yanzu zai iya biya, ko mai shi ya tuna da rajistar da ya yi ko bai tuna ba.

Can ma ana rigima a kai

'Yan wasan ƙasashen da aka gina shafukan dominsu ba su yi shiru ba. A jihar Kalifoniya akwai dokar 2009 da ake kira dokar Krekorian, wadda ta haramta karɓar kuɗi a hannun ɗan wasa da sunan sama masa aiki ko tantancewa. A kanta 'yan wasa suka dogara a 2024 suka kai Casting Networks ƙara, suna cewa tsarinsa ya zama sai ka biya kafin a gan ka. Yajin aikin kwana 118 da ƙungiyar 'yan wasan Amurka, SAG-AFTRA, ta yi a 2023 ya haifar da yarjejeniyar da ta sanya ƙa'idoji a kan bidiyon gwajin da ɗan wasa ke ɗauka da kansa a gida, har da yawan shafukan da za a ba shi ya karanta da lokacin da za a ba shi ya shirya.

A Birtaniya ƙungiyar 'yan wasa ta Equity ta maka Spotlight a kotu a 2024. Hujjarta ita ce kamfanin dillalin aiki ne, don haka doka ba ta ba shi damar karɓar abin da ya wuce kuɗin gudanar da kundin ba. A watan Satumbar 2025 Babbar Kotu ta ba Spotlight gaskiya, ta ce shi ba dillalin aiki ba ne. A ganina wannan hukunci ya fi kowace talla faɗin gaskiyar abin da ake sayarwa. Kamfanin da kansa ne ya tsaya gaban alƙali ya ce nema wa mutane aiki ba aikinsa ba ne.

Tun kafin nan, a 2018, hukumar kula da kasuwanci ta Amurka, FTC, ta sa masu shafin Explore Talent biyan tarar dala 235,000. Zargin shi ne sun tattara bayanan yara 'yan ƙasa da shekara 13 ba da izinin iyaye ba, sun kuma riƙa gaya wa masu rajistar kyauta cewa wasu daraktoci na sha'awarsu, don su biya kuɗin babban mataki. Ita dai hukumar ta fitar da ƙa'ida a 2024 cewa dole soke rajista ya zama da sauƙi kamar yin ta, amma wata kotun ɗaukaka ƙara ta rushe ƙa'idar a watan Yulin 2025 kafin ta fara aiki sosai.

Kannywood ba ta nan take ɗauka ba

Ga ɗan Katsina tambayar da ta fi muhimmanci ita ce wa ke duba waɗannan shafuka. Akasarin ayyukan da ake tallatawa a cikinsu na Amurka ne da Birtaniya da makamantansu, kuma suna buƙatar wanda ke zaune a can, mai izinin yin aiki. Rajista ba ta ba da biza.

Masana'antar fim ɗin Hausa kuwa, tun daga Turmin Danya na ƙungiyar Tumbin Giwa a 1990, a kan sanayya ta ginu. Mutum kan shiga ta ƙungiyar wasan kwaikwayo, ko ya zama yaron wani furodusa ko darakta, ya yi ta zirga-zirga a ofisoshin titin Gidan Zu a Kano da wuraren ɗaukar fim har a ba shi sin ɗaya ko biyu. Rajistar da ake tambaya a nan ita ce ta ƙungiyoyin sana'a irin su MOPPAN, da ta Hukumar Tace Finafinai ta Jihar Kano, wadda aka kafa a 2001, ga mai son aiki a Kano. Sauyin da aka samu bayan mutuwar kasuwar faifai shi ne komawa finafinai masu dogon zango a tashar Arewa24 da YouTube. Izzar So na Lawan Ahmad, wanda ake sakawa a tashar Bakori TV, misali ne na kusa ga Katsinawa. Su ma irin waɗannan finafinai, idan suna neman sababbin fuskoki, a shafukansu na sada zumunta suke sanarwa, ko labari ya bi baki.

Sai kuma batun abin da ake samu. A 2022 dattijuwar 'yar wasa Ladin Cima ta shaida wa BBC Hausa cewa akan sallame ta da naira dubu biyu zuwa dubu biyar. Wasu furodusoshi sun fito sun musanta, aka yi ta cece-kuce. Ko ma wane ɓangare mutum ya gaskata, sabon shiga ba zai fi tsohuwar hannu samu ba, kuma da wuya abin da zai samu a rol goma ya biya masa rajistar wata biyu da dala.

Wannan ba ya nufin shafukan ba su da amfani ga kowa. Ɗan Najeriya mazaunin Landan, ko mai aikin ɗora murya wanda zai iya naɗa daga ɗakinsa ya aika, yana iya cin riba. Irin wannan mutum zai iya farawa da matakin kyauta ya ga ayyuka nawa ne suka dace da shi a wata guda kafin ya fito da kati.

Idan kuɗin ya riga ya fita

Wanda ya karɓi kuɗi da alkawarin rol ɗin da babu shi, ta shafin bogi ko ta zauren WhatsApp da ake sayar da fom, ya faɗa ƙarƙashin dokar hana damfara ta 2006, wadda ta tanadi ɗaurin shekara 7 zuwa 20, kuma EFCC da 'yan sanda ne ke da hurumin bincike. Mai kai ƙara zai buƙaci rasit ɗin tura kuɗi, da lambar asusun da aka tura wa, da hoton hirarrakin da aka yi, don haka kada a goge su.

Idan kamfanin na gaske ne, matakin farko shi ne soke rajistar a adana shaidar sokewar, sannan a rubuta wa kamfanin, ko Google ko Apple idan ta wajensu aka biya, a nemi mayar da kuɗi. Cirewar da aka yi bayan an soke, ana iya ƙalubalantarta a banki a rubuce, kuma idan bankin bai warware cikin mako biyu ba, ana iya kai kuka sashen kare haƙƙin masu hulɗa da bankuna na Babban Bankin Najeriya. Dokar kare haƙƙin masu saye ta 2018, wadda ta kafa hukumar FCCPC, ta wajabta bayyana farashi da sharuɗɗa cikin harshen da mai saye zai gane. Hotuna da bayanan da aka ɗora kuma, dokar kare bayanan jama'a ta 2023 ta ba mai su damar neman a goge.

Sai dai tilasta wa kamfanin da ba shi da ofis a Najeriya bin waɗannan dokoki a kan dala 30 abu ne mai wuya, kuma banki ba zai ɗauki sabuntawar da mutum ya amince da ita da hannunsa a matsayin sata ba. Shi ya sa masu hulɗa da irin waɗannan shafuka kan ware katin dala na manhaja, su zuba masa daidai kuɗin wata guda, su kuma soke sabuntawar a ranar da suka biya.