Ramones: sun yi shuka, wasu suka girbe

Mu a rediyo mukan auna mawaƙi da cinikin faifansa. Tarihin Ramones ya sa mun sake tunani.

Samari huɗu ne suka haɗu a unguwar Queens ta New York a 1974. Ba ƴan uwa ba ne, amma kowa ya ɗauki sunan Ramone. Faifansu na farko ya fito a 1976, waƙa 14 cikin minti 29: kiɗa mai sauri da hayaniya, wanda ake ce ma punk. Da suka yi wasa a Landan shekarar nan, matasan Ingila suka ga ashe ba sai ka ƙware kake hawa dandamali ba.

Faifai 14 suka yi a situdiyo, da wasa 2,263, kafin su watse a 1996, amma kasuwa ba ta yi musu daɗi ba. Masu bin sawunsu irin su Green Day ne suka sai da miliyoyi. Faifan farkon nan sai a 2014 cinikinsa ya kai 500,000 a Amurka. Lokacin Joey, Dee Dee da Johnny duk sun mutu, Tommy kuma ya bi su a shekarar.