Ray Harryhausen, Wanda Ya Koya wa Dodanni Tafiya

A 1933 aka fara haska fim ɗin King Kong a Amurka. Cikin 'yan kallo a Los Angeles akwai Ray Harryhausen, yaron da bai wuce shekara 13 ba. Ya fito yana ta mamakin yadda aka sa ƙaton goggon biri ya hau dogon bene. Daga baya ya gano 'yar tsana ce mai ƙashin ƙarfe, wadda Willis O'Brien ke motsa gaɓoɓinta kaɗan-kaɗan, yana ɗaukar hoto ɗaya bayan kowane motsi. Hoto 24 ke ba da daƙiƙa ɗaya.

A garejin gidansu ya fara gwaji. Mahaifinsa na ƙera masa ƙasusuwan ƙarfe, mahaifiyarsa na ɗinka tufafi. Ya je wurin O'Brien, ya zama almajirinsa, kuma tare suka yi Mighty Joe Young a 1949.

Ƙarancin kuɗi ne ya kai shi ga dabarar da aka san shi da ita, Dynamation. Yakan haska hoton 'yan wasa a bango bayan 'yar tsanar, ya kafa gilashi a gaba ya shafe wani sashe da baƙin fenti. Idan ya gama, sai ya mayar da fim baya ya cike sashen da ya rufe. Dodo sai ya bayyana a tsakanin mutane da gine-gine. A 1955 kuɗi suka gaza har ya yi dabbar teku mai hannu takwas da hannu shida kacal. A 1958 ya yi fim mai launi kan Sinbad na Dare Dubu da Ɗaya.

Gwanintarsa ta kai ƙololuwa a Jason and the Argonauts na 1963, inda ƙwarangwal bakwai suka yi takobi da mutum uku. Kowane ƙwarangwal yana da kai da hannaye da ƙafafu da za a motsa kafin a ɗauki hoto ɗaya, kuma dole saran ya faɗa daidai kan garkuwar ɗan wasa. Faɗan 'yan mintoci ya ci masa sama da wata huɗu. Dodanninsa suna da hali: sukan yi jinkiri, su fusata, su ji zafi.

Ya ajiye aiki bayan Clash of the Titans a 1981, aka karrama shi da lambar Oska ta musamman a 1992. Shekara guda bayan nan Jurassic Park ya fito da dabbobin kwamfuta, sana'ar ta sauya hannu. Duk da haka sai da aka riƙe Phil Tippett, gwanin tsohuwar dabarar, ya tsara yadda dabbobin za su taka. Kwamfuta ta sauƙaƙa zane, amma sanin nauyin jiki da lokacin motsi yana wurin mai sana'a. Harryhausen ya rasu a Landan ranar 7 ga Mayu, 2013, yana da shekara 92.