Gurmat

Gurmat (suna, namiji). Daga harshen Panjabi: koyarwar Guru.

1. Aƙidar mabiya addinin Sikh, wanda Guru Nanak (1469–1539) ya assasa a yankin Panjab. Tushenta Ubangiji ɗaya ne, marar siffa, wanda ba a haife shi ba kuma ba ya mutuwa. Babbar cutar ɗan Adam a wurinsu ita ce *haumai*, wato ganin kai. Maganinta ambaton sunan Ubangiji, cin guminka, da rabawa da mabuƙata. Sun yarda rai yana sake dawowa duniya har sai ya kuɓuta, a nan kuwa suka rabu da aƙidar Musulmi.

2. Ilimin nazarin wannan aƙida. Madogararsa littafin Guru Granth Sahib, mai shafi 1430, wanda Guru Arjan ya kammala tattara kwafinsa na farko a 1604. A 1708 Guru Gobind Singh ya ayyana littafin a matsayin Guru na dindindin. A cikinsa akwai baitocin Shehu Farid, sufi Musulmi na ɗarikar Cishtiyya, kuma wannan kaɗai ya isa ya sa ɗalibin ilimi a Dosara ko Talata Mafara ya waiwaye shi. Ana karantar da shi baki da baki, kamar karatun zaure, kuma ana nazarinsa a jami'o'in Patiala da Amritsar. Kahn Singh Nabha ya fitar da kamusunsa, Mahan Kosh, a 1930. Fassarar littafin da Bajamushe Ernest Trumpp ya yi a 1877 kuwa, Sikhawa sun ƙi ta saboda raini da ke cikinta, kuma suna da gaskiya.