Goron Gwanja a Cikin Kwalba

'Yan uwa, rabin sunan da ke jikin kwalbar Coca-Cola na goro ne. A shekarar 1886 wani mai harhaɗa magunguna, John Pemberton, ya haɗa wannan abin sha a birnin Atlanta na Amurka, aka raɗa masa suna daga ganyen koka da kola, wato goro a bakin Turawa.

Tun kafin nan da ɗaruruwan shekaru kakanninmu ke fataucinsa. Ayari kan taso daga Kano ko Katsina a ƙarƙashin madugu, jakuna ɗauke da kanwa da tufafi, ya shafe watanni kafin ya sauka Salaga ta ƙasar Gwanja, inda goron kurmin Asante ke jiransa. Da Ingila ta ci Kumasi a 1874 kasuwar ta soma ja da baya, yaƙin basasar Salaga na 1892 kuma ya watsa fatake zuwa Kete-Krachi da Kumasi da Akra. Zanguna da dama da muka tashi a cikinsu, goro ne ya kafa su.

Abin da kamfanonin lemo suka nema a goro shi ne sinadarin da ke korar barci. Da aka iya haɗa shi a masana'anta, sai yawancinsu suka riƙe sunan suka saki goron. Yau samarinmu lemon gwangwani na ƙarin kuzari suke sha, wai goro na tsofaffi ne, yana rina haƙora. Mai huhu a bakin kasuwa kuwa sai ranar suna ko ɗaurin aure yake ganin cinikin kirki.