Ɓeran Mahabarata da Akun Abubakar Imam

Wani malamin Islamiyya daga unguwar Pantami a garin Gombe ya aiko mana da tambaya. Ya ce ɗalibansa sun san labarin Bahubali fiye da yadda suka san tarihin Bubayero, kuma an gaya masa cewa finafinan Indiya na fassarar Hausa, waɗanda ake tura wa yara a waya a bakin kasuwa, daga littattafan addinin Hindu aka ɗebo su. Yana son ya san ko maganar gaskiya ce, kuma tun yaushe abin ya shigo mana.

Allah ya gafarta malam, akwai gaskiya mai yawa a abin da aka gaya maka. Sai dai shigowar ta girmi waya, ta girmi bidiyo, ta girmi ma silima, kuma ta hannun malamai ta fara biyowa.

Manyan littattafan biyu ne, duka waƙaƙƙu cikin harshen Sanskirit. Ramayana, wadda ake jingina wa Balmiki, tana da baiti kusan 24,000. Mahabarata kuwa ta kai wajen baiti 100,000 a cikin juzu'i 18. Mabiya addinin Hindu suna ɗaukar Rama da Kirishna a matsayin abin bauta, kuma a nan ne hanyarmu da tasu ta rabu. Amma in aka ajiye wannan gefe aka dubi ƙashin bayan labarin, Bahaushe ba zai ji baƙunta ba. Sarki Dasarata mai mata uku ya tsufa, zai naɗa babban ɗansa Rama. Wata baiwa ta zuga kishiya Kaikeyi, ita kuma ta tuna wa sarki wani tsohon alkawari, ta ce a ba ɗanta Barata gadon, a kori Rama daji shekara 14. Barata ya ƙi cin amanar wansa, ya ɗora takalman Rama a kan karaga, ya zauna riƙon ƙwarya. Mahabarata kuma rikicin 'ya'yan wa da ƙani ne a kan sarauta, biyar a gefe guda, ɗari a ɗaya gefen, aka yi caca aka ci ƙasa da mace, aka ƙare da yaƙin kwana 18 a filin Kurukshetara. Kishi, 'yan ubanci, zuga, gadon sarauta: duk wanda ya tashi a babban gida ya san su.

Duk wanda ya kalli Hum Saath-Saath Hain na 1999 ya kalli Ramayana cikin kwat da mota. Uwar gida ce ƙawayenta suka zuga ta raba ɗan mijinta da dukiyar gidan, ɗanta na cikinta, wanda Salman Khan ya fito a matsayinsa, ya ƙi hawa kujerar wansa. Bahubali, da ya fito kashi biyu a 2015 da 2017, rikicin 'yan uwa ne a kan karaga, kuma mai shirya shi, Rajamouli, bai taɓa ɓoye cewa waɗannan littattafai ne suka raine shi ba. Tun fim ɗin farko mai tsawo da aka yi a Indiya, Raja Harishchandra na 1913, daga wannan rumbu aka ɗebo.

Yanzu mu koma baya sosai. A wajen shekara ta 570, wani likita mai suna Burzoye ya je Indiya a zamanin Sarkin Farisa Kisra Anushirwan, ya komo da tarin labaran dabbobi ya fassara su. A wajen 750 Abdullahi Ibnul Muƙaffa ya mayar da su Larabci, aka sami Kalila wa Dimna, littafin da ɗaliban Larabci a ƙasar nan suka sani sarai. Galibi akan ce asalinsa Pancatantara ne, kuma haka ne ga manyan babobinsa. Abin da ba a cika faɗa ba shi ne babi uku daga cikinsa, na ɓera da kyanwa, na sarki da tsuntsuwa, da na zaki da dila, daga juzu'i na 12 na Mahabarata aka ciro su. A can, tsoho Bishma ne kwance a filin yaƙi, kibau sun cika jikinsa, yana koya wa sabon sarki Yudishtira dabarun mulki kafin rai ya yi halinsa.

Ga yadda na ɓeran yake. Kyanwa ta faɗa ragar maharbi a gindin wata babbar bishiya. Ɓera ya fito yana murna, sai ya waiga ya ga tunku a ƙasa yana jiransa, ya ɗaga kai ya ga mujiya a reshe. Ba gaba ba baya. Sai ya matsa kusa da abokiyar gabarsa ya ce su yi yarjejeniya: ta bar shi ya fake a jikinta, shi kuma ya tsinke mata raga. Tunku da mujiya suka ga haka suka watse. Ɓera ya shiga gwaguyar igiya, amma a hankali, kyanwa tana ta ƙorafi yana ba ta haƙuri, har ya rage zare guda. Bai tsinke shi ba sai da ya hango maharbi tafe, lokacin da kyanwa ba ta da sauran tunanin abinci sai na tsira. Ta haye bishiya, shi ya faɗa rami. Daga baya ta dawo tana kiransa da sunan abota, ya ƙi fitowa, ya ce larurar da ta haɗa su ta wuce.

Duk ɗalibin da ya karanta wannan babi a zaure ko a ajin Larabci ya karanta wani yanki na Mahabarata. Bai ji sunan Bishma ba, bai ga gunki ba, domin waɗanda labarin ya biyo ta hannunsu sun riga sun tace shi. Kuma ba a ji wanda imaninsa ya girgiza saboda ɓera ba.

Wanda ya kawo irin wannan aiki cikin Hausa tsantsa shi ne Alhaji Abubakar Imam, haifaffen Kagara a 1911. Yana koyarwa a Midil ta Katsina ya shiga gasar rubutu ta 1933 da Ruwan Bagaja. Rupert East, Baturen da ke riƙe da ofishin talifi a Zariya, ya ga hannunsa, ya nemi a ba shi aronsa. A 1936 Imam ya yi wata shida a Zariya, East ya tara masa littattafan Larabawa da na Turawa, shi kuma ya zauna ya rubuta Magana Jari Ce, littafi uku, wanda ya fara fitowa a 1937. Imam da kansa ya ba da labarin littattafan da aka ajiye masa, bai ɓoye ba.

A nan ne gardamar take, kuma ta daɗe. Akwai masu ƙaunar Imam da ba sa son a ce ya ari komai. A wurinsu littafin daga tatsuniyoyin kakanni da basirarsa kaɗai ya fito. Akwai kuma waɗanda, da suka gano tushen labaran, suka juya suka ce ashe kwafa ce kawai. Masana irin su Farfesa Ibrahim Malumfashi da Farfesa Abdalla Uba Adamu sun bi sawun labaran, sun nuna wanda ya fito daga Alfu Laila, wanda ya fito daga Kalila wa Dimna, da waɗanda aka ɗauko daga tatsuniyoyin Jamus na 'yan uwan Grimm. A kan batun tushe ina tare da su ɗari bisa ɗari, hujjar ta fi ƙarfin musu. Amma masu cewa kwafa ce kawai, ina ganin ba su tsaya sun dubi akun da ke ba da labarai a littafin da kyau ba.

Wasu suna cewa dabarar jan labari dare bayan dare daga Shaharzad ta Alfu Laila Imam ya samo ta. Ni na fi gamsuwa da masu kai ta Indiya. Akwai wani tsohon littafin Sanskirit, Shukasaptati, na labarai 70 daga bakin aku. A wajen 1330 wani malamin Sufaye a Indiya, Ziya'uddin Nakhshabi, ya sake rubuta shi da Farisanci, ya mai da labaran 52, ya kira shi Tutinama. A cikinsa, wani falke ne ya yi tafiya ya bar matarsa da tsuntsaye biyu. Ta ƙyalla ido ta ga wani saurayi, ta yi shirin fita wurinsa da dare. Tsuntsuwar farko ta yi mata wa'azi kai tsaye, matar ta kashe ta. Aku ya ga haka ya canza salo: kullum ta yi kwalliya ta zo sallama, sai ya ce ta tafi, amma ta yi hattara kada abin da ya sami wane ya same ta. Ta ce me ya same shi? Kafin ya gama, gari ya waye.

Duk wanda ya yi firamare a Arewa ya gane wannan. Shaharzad kanta take ceto. Akun Tutinama da akun Imam wani suke tsarewa daga fita ƙofa, kuma da dabara iri ɗaya. To amma dubi abin da Imam ya yi. Littafin makaranta aka ce ya rubuta, na yaran Musulmi, a ƙasar da matar aure mai fita wurin kwarto ba abin karanta wa ɗan aji uku ba ce. Sai ya cire matar gaba ɗaya. Ya sa Musa ɗan Sarki Abdurrahman a gurbinta, yaro mai zafin jini da ke son bin jikan sarki, Mahmudu, fagen fama, alhali Waziri maci amana ya haɗa kai da Sarkin Sinari, an ɗana masa tarko a waje. Sha'awar da za a danne ta tashi daga ta alfasha ta koma ta jarumtaka, haɗarin ya tashi daga mutuncin gida guda ya koma na ƙasa baki ɗaya. Aku kuma ya tashi daga mai gadin aure ya zama mai ba sarki shawara, har ya kai ga rawanin waziri. Fada ce ta Hausa, da dogarai da fadanci da kirari. Mai kwafa ba ya iya wannan. Sai wanda ya fahimci abin da ke motsa labari, ya kuma san mutanensa ciki da bai.

Ba Imam ne Musulmi na farko da ya tsaya gaban wannan rumbu yana tunanin abin ɗauka da abin bari ba. A 1582 Sarkin Mugal Akbar ya sa a fassara Mahabarata zuwa Farisanci, aka kira ta Razmnama. Cikin waɗanda aka ɗora wa aikin har da Mulla Abdulƙadir Badayuni, malami mai tsauri, wanda daga baya aka sa shi ya fassara Ramayana ma, ya shafe shekara huɗu a kanta. A littafinsa na tarihi ya bayyana ƙyamarsa ga aikin, yana neman gafarar Allah, kuma da sarki ya nemi ya rubuta wa fassarar gabatarwa sai ya zille. Ina tausaya masa ƙwarai, domin umarnin sarki ne ya ɗaure shi ya kawo komai yadda yake. Imam ya sami 'yancin da Badayuni bai samu ba, na ya zaɓa ya kuma sāke.

A shekarar da Magana Jari Ce ta fito, 1937, aka buɗe silimar Rex a Kano. Palace ta biyo baya, kuma a cikin shekarun 1950 'yan kasuwa Lebanawa suka fara shigo da finafinan Indiya. Ba fassara, ba rubutu da Hausa, amma mutane suka riƙe su. Brian Larkin, wanda ya yi bincike a Kano a shekarun 1990, ya tarar har lokacin Mother India na 1957 yana cika silima, kuma 'yan kallo sun raɗa wa jarumai suna: Dharmendra shi ne Sarkin Ƙarfi, Sanjay Dutt Ɗan Daba Mai Lasin. Ya kuma rubuta a kan 'yan bandiri irin su Ushaƙu Indiya, masu ɗaukar karin waƙar fim su zuba masa begen Annabi, Sallallahu Alaihi Wasallama. Malamai sun rabu a kansu, wasu na ganin an tsarkake karin, wasu na ganin karin zai ja zuciya ta koma inda ya fito. Duk inda mutum ya tsaya, aikin nasu ya fi kusa da na Imam fiye da yawancin abin da ya biyo baya.

Abin da ya biyo baya an san shi. Fim ɗin Turmin Danya a 1990, sannan ambaliyar finafinan Hausa masu rawa da waƙa, da abin da 'yan fim da kansu suke kira wankiya. Ali Nuhu, wanda asalin mahaifinsa Balanga ce a nan jihar Gombe, yana cikin waɗanda aka fi dangantawa da salon Indiya, kuma tun 2024 shi ke shugabantar hukumar finafinai ta ƙasa. Laifin da nake gani a wankiya ba aron ba ne; gaggawar ce, a ɗauko labari da rigarsa da rawarsa ba a tambayi ko zai zauna a gidan Bahaushe ba. Daga nan sai fassara irin ta kamfanin Algaita, inda ba a sāke komai sai murya. A nan damuwar malam take da tushe, domin a karo na farko labarin yana iso wa yaro da hoton bautarsa a ciki, cikin harshen da ya sha a nono, ba Ibnul Muƙaffa ko Imam a tsakani.

Su ma can Indiya ba su daidaita a kan wa ke da ikon sāke labarin ba. Shirin Ramayan na Ramanand Sagar, kashi 78 a talabijin ɗin gwamnati daga 1987 zuwa 1988, ya sa tituna suna yin fayau ranar Lahadi da safe, kuma masana da yawa suna ganin ya share fage ga siyasar kishin Hindu da ta kai ga rushe Masallacin Babri a 1992. A 2011 Jami'ar Delhi ta cire maƙalar A. K. Ramanujan daga manhajar tarihi, saboda ta nuna cewa Ramayana iri-iri ce har ɗaruruwa, wasu ma sun saɓa wa ta Balmiki. A 2023 fim ɗin Adipurush ya jawo fushi saboda kalaman tasha da aka sa a bakin Hanuman, hadimin Rama, har masu shi suka canza su bayan kwanaki kaɗan da fitowarsa, birnin Katmandu na Nepal kuma ya hana nuna shi saboda wata magana a kan mahaifar Sita, matar Rama.