Usman Baba Pategi (Samanja Mazan Fama)

Usman Baba Pategi (1942–2023) ɗan wasan kwaikwayo ne na rediyo da talabijin, kuma tsohon sojan Najeriya, wanda sunan rawar da ya taka, Samanja Mazan Fama, ya shafe sunansa na yanka a bakin jama'a. An haife shi ranar 20 ga Mayu, 1942, a gidan sarautar Pategi da ke jihar Kwara ta yau. Banufe ne, ko da yake da Hausa ya yi suna.

Ya shiga soja a shekarun 1960, ya ga yaƙin basasa, ya yi ritaya a 1985. Daga bariki ya ɗauko jarinsa. Kalmar "samanja" kanta Hausar soja ce, wato sajan-manjo, babban kurtun da ke tsakanin hafsoshi da ƙananan sojoji: shi ake yi wa tsawa daga sama, shi kuma ya sauke ta a kan na ƙasa. Wannan matsayi na tsaka-mai-wuya Pategi ya mayar abin dariya a Rediyon Kaduna da tashar NTA Kaduna. Samanjansa mutum ne mai kurari da cika baki, mai cakuɗa Hausa da Turancin bariki, wanda umarninsa kan kwance da zarar ya shiga gida ko ya tsaya gaban na sama da shi.

Lokacin da shirin ya yi tashe shi ya ba shi nauyi. Sojoji sun mulki Najeriya daga 1966 zuwa 1979, suka dawo a ƙarshen 1983, ba su tafi ba sai 1999. A zamanin da farar hula kan kauce wa mai kaki a hanya, sai ga kafar gwamnati tana nuna soja ana yi masa dariya a tsakar gida. Ba adawa ba ce. Barkwancin ya tsaya kan kurtu, bai taɓa masu juyin mulki ba, kuma ya yi wa rundunar amfani wajen sassauta tsoron da ake yi mata. Duk da haka, ya saba wa talaka da ganin soja a matsayin mutum mai kuskure.

Tsararsa, irin su Ƙasimu Yero, su suka share fage tun kafin finafinan bidiyo na Kano su kunno kai a 1990. Ya rasu a Kaduna ranar 12 ga Nuwamba, 2023, yana da shekara 81.