Ciwon da Ya Biyo Boko: Tarihin Gajiyar Ƙwaƙwalwa a Makarantun Najeriya

A ƙarshen shekarun 1950, wani likitan ƙwaƙwalwa ɗan ƙasar Kanada, Raymond Prince, yana aiki a asibitin Aro da ke Abeokuta, sai ya lura da wasu samari masu zuwa da koke iri ɗaya, kuma galibinsu ɗalibai ne. Wannan ya ce kansa zafi yake yi, wancan ya ce wani abu ne ke yawo a ƙarƙashin fatar kansa kamar tsutsa. Da an buɗe littafi ido ya yi dishi-dishi, a karanta shafi guda a maimaita, ba abin da ke zama. A auna jiki kuwa, lafiya ƙalau.

A 1960 Prince ya wallafa abin da ya gani, ya kira shi da sunan da ɗaliban ke kiransa, brain fag, wato gajiyar ƙwaƙwalwa.

Duk wanda ya san zamanin ba zai yi mamaki ba. A 1955 gwamnatin Awolowo ta fara ilimin firamare kyauta a Jihar Yamma, yara suka cika azuzuwa, gurbin sakandare kuwa bai taka kara ya karya ba. Hukumar jarrabawa ta WAEC, wadda aka kafa a 1952, ita ke riƙe da ƙofar aikin gwamnati. Yaro guda ake tara wa kuɗin makaranta, a sayar da amfanin gona, dangi su zuba ido. In ya faɗi jarrabawa, gida ne ya faɗi.

Prince ya ɗora laifin a kan karon da ake yi tsakanin karatun Bature, na kaɗaici da littafi, da tarbiyyar gida ta cuɗanya da jama'a. A 1980 Farfesa Olufemi Morakinyo na jami'ar Ife ya zo da bayanin da ya fi kama hankali: ɗalibi mai fargabar jarrabawa yana hana idonsa barci, ya ɗirka kofi da ƙwayoyin hana barci, har jiki ya ce ya gaji. Wanda ya yi makarantar kwana, a Kudu ko a Arewa, ba sai an yi masa dogon bayani ba. Ya san goro, ya san masu tsoma ƙafa a bokitin ruwan sanyi don kada gyangyaɗi ya sace su. Duk da haka, a 1994 ƙungiyar likitocin ƙwaƙwalwa ta Amurka ta jera ciwon cikin cututtukan da suka keɓanta da wasu al'ummu, alhali Turawan Ingila sun yi kuka da shi, da wannan sunan, tun ƙarni na 19.

Taimakon fa? Ta wata ƙofa ya shigo. A 1959 wasu mata 'yan mishan na Katolika a kwalejin St. Theresa da ke Oke-Ado, Ibadan, suka gayyato ma'aikata daga waje don su ba ɗalibai masu fita shawara kan sana'a. Daga nan aka faro aikin ba ɗalibai shawara. A 1976 aka kafa ƙungiyar masu ba da shawara ta ƙasa, a 1977 kuma manufar ilimi ta ƙasa ta amince a horar da malaman jagora da shawara domin makarantu. Sai dai aikin ya taso da tambayar "me kake so ka zama", kuma har yau a makarantu da yawa can ya tsaya. Malamin shawara yakan ƙare a cike fom ɗin JAMB, in ma ba a tura shi aji ya toshe gurbin wani ba. Ɗaliba ta yanke jiki ta faɗi ana gobe jarrabawa, a kira mai ruƙiyya, wanda ba laifi ba ne, amma da wuya a tambaye ta kwana nawa rabonta da barci.

Doka ma ta yi nawa. Dokar mahaukata ta 1958, gadon mulkin mallaka, ita ƙasar ta riƙe har Janairun 2023, lokacin da Shugaba Muhammadu Buhari ya sa hannu a kan sabuwar dokar lafiyar ƙwaƙwalwa.